Heinrich Gretler, dattijon finafinan Suwizalan: tambayoyi da amsoshi

Duk wanda ya taɓa cin karo da tsohon fim ɗin Heidi na baƙi da fari zai tuna kakan yarinyar: dattijo mai faɗin ƙirji, ga gemu, ga ƙaton hanci, ga murya mai kauri, ba ya son yawan magana. Mutumin da ke bayan wannan gemu shi ne Heinrich Gretler. A wajen ƙasarsa 'yan kaɗan ne suka riƙe sunansa, amma a gida an daɗe ana kallon fuskarsa a matsayin fuskar Suwizalan ita kanta. Ga amsoshin tambayoyin da mai son sanin tarihinsa zai iya yi.

Wane ne Heinrich Gretler?

Ɗan wasan kwaikwayo ne, haifaffen birnin Zurik. An haife shi ranar 1 ga Oktoba 1897, ya rasu a wannan birni ranar 30 ga Satumba 1977, ana gobe zai cika shekara 80. Da farko malamin makaranta ne, don a kwalejin horon malamai ta Küsnacht ya yi karatu, har ya ɗan taɓa koyarwa. Daga baya ya ajiye alli ya koyi wasa da rera waƙa. A 1918 ya fara aiki a gidajen wasan Zurik, kuma bai sauka daga daɓe ba sai daf da rasuwarsa. Finafinan da ya fito a ciki sun haura ɗari.

Jarumi ne, ko kuwa ɗaya daga cikin masu rufa wa jarumi baya?

Na biyun ya fi yawa a aikinsa, ko da yake ya ja ragamar wasu finafinai. Mai kallon finafinan Kano ya san irin dattawan nan da ake nema idan labari yana buƙatar uba, ko alƙali, ko mai unguwa: ba su ake liƙawa a fasta ba, amma da zarar sun buɗe baki sai ka yarda cewa gidan nan gida ne na gaske. To a sahun su Gretler yake. Bai taɓa zama saurayin da ake so a fim ba, ko lokacin da yake da ƙuruciyar. Jikinsa da muryarsa sun kai shi ga fitowa a manomi mai dukiya, ɗan sanda, mai masana'anta, shugaban gari, kaka.

Gidajen wasa masu amfani da Jamusanci suna da tsohuwar al'ada ta rarraba 'yan wasa gida-gida. Akwai mai fitowa a saurayi, akwai mugu mai ƙulla makirci, akwai tsohuwa mai ban dariya, akwai uban jarumi. Ana ɗaukar ɗan wasa aiki na tsawon kakar wasa ko fiye, yana cikin tawaga guda, yau ya fito a sarki gobe ya fito a mai gadi. Wanda ya tashi a irin wannan tsari yakan iya shiga kowace riga, kuma ba ya raina ƙaramin matsayi. Abin da ake auna shi da shi shi ne abin da ya iya yi da minti biyar ɗin da aka ba shi.

Me ya kai shi Balin?

Kasuwa. A wancan zamani mutanen Suwizalan gaba ɗaya kimanin miliyan 4 ne, kuma ba duka ke jin Jamusanci ba, alhali Jamus tana da sama da miliyan 60. Ɗan wasan da ke son ya gwada kansa da manya dole ya ƙetara iyaka. Gretler ya tafi Balin a 1926, lokacin da birnin ke tashen wasan daɓe da fim fiye da ko'ina a yankin. Ya yi aiki a Volksbühne, gidan wasan da ƙungiyoyin ma'aikata suka kafa, da kuma Theater am Schiffbauerdamm, inda sunan marubucin wasan kwaikwayo Bertolt Brecht ya fito sosai a 1928. A fim kuwa ƙananan fitowa ya samu, ciki har da finafinai biyu na darakta Fritz Lang, wato M na 1931 da Das Testament des Dr. Mabuse na 1933. Sai ka zuba ido sosai kafin ka tsinkayo shi a cikinsu.

Tunda Jamusanci ake yi a Zurik, ai babu wata wahalar harshe ke nan?

Akwai, babba ma. Suwizalan tana da harsunan ƙasa huɗu: Jamusanci, Faransanci, Italiyanci da Romansh. Masu Jamusancin, waɗanda su ne kusan kashi biyu cikin uku, suna rubutu da daidaitaccen Jamusanci, amma a gida da kasuwa da ofis karin harshensu suke yi. Karin nan ya yi nisa da na Jamus har ta kai mutumin Hambog zai iya zama a teburi da mutanen Bern su yi ta hira bai tsinci komai ba. Shi ya sa idan aka kai fim ɗin da aka yi da karin Suwizalan zuwa Jamus, sai an sa masa rubutun fassara a ƙasa ko an sake ɗora masa murya.

Ɗan wasan Suwizalan harshe biyu yake riƙe da su ke nan. A daɓe, idan ana wasan Goethe ko Schiller, manyan marubutan Jamus, dole ya goge duk wata alamar garinsu daga bakinsa, ya yi lafazin da aka daidaita wa 'yan wasa tun ƙarshen ƙarni na 19. A fim ɗin gida kuma sai ya koma yadda uwarsa ta koya masa. Gretler ya iya duka biyun, amma da na gidan ya shiga zukatan mutane. Lokacin da rediyon Jamus ke ta kwararo jawaban 'yan Nazi da daidaitaccen Jamusanci, jin karin gida a sinima wani abu ne daban ga mutumin Zurik ko Basel. Alama ce ta cewa mu ba su ba ne.

Yaushe ya dawo gida?

A 1933, shekarar da Hitila ya hau mulki. Da'irar da ya yi aiki a cikinta a Balin ta watse cikin 'yan makonni. Brecht ya fice washegarin gobarar majalisar dokoki a ƙarshen Fabrairu, an haramta nuna fim ɗin Mabuse, Yahudawa da masu ra'ayin gurguzu suka rasa aikinsu. Gretler ba Bayahude ba ne, kuma yana da fasfon da zai koma gida da shi. Da yawa daga abokan sana'arsa ba su da wannan gata, sai dai su ma Zurik ɗin suka nufa, a matsayin 'yan gudun hijira.

Me ya sa ake yawan ambaton gidan wasa na Schauspielhaus idan ana maganarsa?

Domin a nan aka yi ɗaya daga cikin abubuwan mamaki na tarihin wasan Jamusanci. Kafin 1933 gidan wasa ne na kasuwanci, mallakar wani attajiri mai suna Ferdinand Rieser, ba wanda ke kallonsa a matsayin wani abin a zo a gani. Da 'yan Nazi suka kori gwanayen Jamus, sai Rieser ya yi ta ɗaukarsu: Therese Giehse, Leonard Steckel, Kurt Hirschfeld, darakta Leopold Lindtberg, da Wolfgang Langhoff wanda ya fito daga sansanin gwale-gwale. Bayan Jamus ta haɗiye Ostiriya a 1938, Zurik ta zama babban dandamalin Jamusanci da ya rage wanda ba ya ƙarƙashin ikon Balin. A wannan shekara gidan ya koma hannun sabon kamfani da birnin ke da hannu a ciki, Oskar Wälterlin ya zama shugabansa. A nan aka fara nuna Mutter Courage na Brecht a 1941, da wasu wasanninsa biyu a 1943.

A cikin wannan tawaga ta baƙi, Gretler ne ɗan gida mai nauyi. Ya fito a Götz von Berlichingen na Goethe, sannan a 1939 ya fito a Wilhelm Tell na Schiller. Labarin Tell kowane yaro a Suwizalan ya san shi: wani azzalumin gwamna na sarakunan Habsburg na Ostiriya, mai suna Gessler, ya kafa hularsa a kan sanda a dandalin gari ya ce duk mai wucewa ya rusuna mata. Tell ya ƙi. Aka tilasta masa ya harbo tuffa daga kan ɗansa da kibiya, ya harbo, daga baya ya kashe gwamnan. A shekarar da kowa ke jiran ya ga ko sojan Jamus za su ƙetaro kogin Rhein, ba sai an yi wa 'yan kallo bayanin wane ne Gessler ba. Shi ma Hitila ya gane, don a 1941 ya hana yin wasan a Jamus, ya sa aka cire shi daga makarantu. Abin dariyar shi ne Schiller da ya rubuta wasan a 1804 Bajamushe ne, kuma bai taɓa taka ƙasar Suwizalan ba.

An ce ya yi wasan barkwanci ma?

Ya yi. Daga 1935 zuwa 1940 yana cikin Cabaret Cornichon, wata ƙaramar tawaga da ke wasa a ɗakin otal ɗin Hirschen a tsohon garin Zurik. Gajerun wasanni da waƙoƙin habaici suke yi da karin gida, suna zolayar Hitila da Musolini da magoya bayansu na cikin gida. Ofishin jakadancin Jamus ya sha kai ƙara, masu tace labarai na gwamnati suna sa musu ido, su kuma suka ƙware wajen faɗin magana a kaikaice yadda kowa zai gane amma ba za a kama su da laifi ba.

Wane fim ne ya fito da shi?

Wachtmeister Studer na 1939, wanda Lindtberg ya ba da umarni, daga littafin Friedrich Glauser. Kafin shi ya fito a Füsilier Wipf na 1938, labarin sojojin da suka tsare iyaka a yaƙin duniya na ɗaya, wanda sama da mutum miliyan ɗaya suka kalla. Amma a can saurayi Paul Hubschmid ne jarumi. A Studer kuwa fim ɗin nasa ne.

Studer sajan ne na 'yan sandan ciki a jihar Bern, mutum mai jiki, mai gashin baki, kullum da siririyar sigarin Brissago a baki. An tsinci gawar wani ɗan kasuwa a daji kusa da ƙauyen Gerzenstein, aka kama wani saurayi mai aikin lambu wanda ya taɓa zaman gidan yari. Kowa ya gamsu, har da mai binciken shari'a. Yaron ya yi yunƙurin rataye kansa a ɗakin da aka tsare shi, Studer ya cece shi, kuma tun daga nan zuciyarsa ta ƙi yarda cewa shi ya yi kisan. Sai ya koma ƙauyen. Ba ya gudu, ba ya harbi, ba ya nuna wata basira ta ban mamaki. Zama yake yi a gidan shan giya da ɗakunan mutane, ya kunna sigarinsa, ya bar su su yi ta zuba har su faɗi abin da ba su yi niyya ba. A ƙarshe zaren ya kai shi ga babban mutumin garin, wanda kowa ke cin abinci a ƙarƙashinsa.

A nan ake ganin gwanintar Gretler. Yawancin aikin sauraro ne, kuma sauraro a gaban kyamara ya fi magana wuya. Yakan sunkuyar da kai, ya kalli mutum ta ƙasan gira, ya yi jim kafin ya amsa, sai ka ji kamar ya riga ya san ƙaryar da za a yi masa kuma bai ji haushi ba. Ya sake sa rigar Studer a Matto regiert na 1947, inda binciken ya kai shi asibitin masu taɓin hankali.

Finafinan nan na lokacin yaƙi ba farfaganda ba ce kawai?

Akwai ƙamshin gaskiya a zargin. Daga ƙarshen shekarun 1930 gwamnatin Suwizalan ta rungumi manufar kare ƙasa ta fuskar tunani da al'ada: a riƙa tuna wa jama'a tarihinsu da tsaunukansu da 'yancinsu don kada ruɗin Jamus ya ja su. Bayan faɗuwar Faransa a Yunin 1940 ƙasar ta wayi gari kusan ta ko'ina an kewaye ta. A 1941, shekarar bikin cika 650 da ƙawancen 1291 da ake ɗauka a matsayin tushen ƙasar, aka fitar da Landammann Stauffacher. Gretler ne shugaban manoman da ke ƙoƙarin haɗa kan jama'arsa gabanin yaƙin Morgarten na 1315, wasu na cewa a yi sulhu da mai ƙarfi, shi yana cewa a tsaya. Saƙon a fili yake.

Sai dai duba waɗanda suka yi finafinan. Furodusa Lazar Wechsler Bayahude ne da aka haifa a Folan, ya zo Zurik karatun injiniya. Lindtberg Bayahude ne daga Biyana, wanda bai sami takardar zama ɗan ƙasa ba sai 1951. Baƙi ne suka zana wa Suwizalan hoton da ta fi so na kanta, a daidai lokacin da hukumominta ke tsananta wa baƙi. A 1938 aka fara buga harafin J a fasfon Yahudawan Jamus bayan tattaunawa tsakanin Bern da Balin, a Agustan 1942 kuma aka rufe iyaka, aka mayar da dubban mutane hannun masu neman ransu. Mutumin kirki mai tsayawa kan gaskiya da Gretler ke fitowa a matsayinsa ya ƙarfafa wa jama'a gwiwa a lokacin tsoro, wannan ba a musunsa. Amma kuma ya sauƙaƙa musu mantawa da abin da aka yi da sunansu a bakin iyaka. Ni a ganina ba laifin ɗan wasa ba ne, sai dai wanda zai kalli finafinan yau ya kamata ya riƙe duka biyun a ransa.

Wane kamfani ne ya yi yawancin waɗannan finafinai?

Praesens-Film, wanda Wechsler ya kafa a 1924 tare da matuƙin jirgin sama kuma mai ɗaukar hoto Walter Mittelholzer. Shi Mittelholzer ɗin nan ya ratso Sahara da jirgi zuwa tafkin Chadi a tsakanin 1930 da 1931, har ya ɗauki hotunan Kano daga sama, waɗanda ke ajiye a ɗakin karatu na jami'ar ETH a Zurik. Kamfanin ne ya yi Marie-Louise na 1944, labarin wata yarinya Bafaransiya da aka kawo hutun wata uku daga yankin yaƙi. Gretler ya fito a mai masana'antar da ta sauka a gidansa. Marubucin labarin, Richard Schweizer, ya ci kyautar Oscar da shi.

Yaya aka yi ya zama kakan Heidi?

A 1952 Praesens ta ɗauki littafin Johanna Spyri na 1880 ta mayar da shi fim, ta ɗauko darakta Luigi Comencini daga Italiya, aka yi ɗaukar waje a tsaunukan jihar Graubünden. Gretler yana da shekara 55 ke nan, ya isa ya sa gemu. Kakan mutum ne da ya yi fushi da mutanen ƙauye ya haye kan dutse shi da awakinsa, sai aka kawo masa marainiyar jikarsa aka dire masa. Haɗarin irin wannan matsayi shi ne a cika masa zuma, dattijo ya narke tun a fitowa ta biyu. Gretler bai yi gaggawa ba. Ya bar taurin kan a wurinsa, tausayin kuma sai dai ka gan shi a hannu, wajen miƙa kwanon madara ko gyara wa yarinya wurin kwana. Fim ɗin ya karɓu har a Amurka, aka yi masa ci gaba a 1955, Heidi und Peter, wanda shi ne fim mai kala na farko da Suwizalan ta yi.

Bayan yaƙi fa, aikinsa ya ci gaba da armashi?

Aiki dai ya yi yawa, armashi kuwa sai a hankali. Ya fito a finafinan Franz Schnyder da aka ɗauko daga littattafan Jeremias Gotthelf kan rayuwar manoman yankin Emmental na jihar Bern, kamar Uli der Knecht na 1954, inda yake maigidan da ya ja baransa ya zama mutum. A 1958 ya fito a kwamandan 'yan sanda a Es geschah am hellichten Tag, wanda Friedrich Dürrenmatt ya rubuta, tare da Heinz Rühmann da Gert Fröbe.

Ban da waɗannan, ya cika shekarun 1950 da finafinan ƙauye na Jamus da Ostiriya, masu tsaunuka da dazuzzuka da soyayya mai ƙarewa da aure, waɗanda jama'ar da yaƙi ya gajiyar ke rububin kallo. Kusan kullum abu guda ake ba shi: uba mai taurin kai da zai sauko a ƙarshe. Fuskar da ta ɗaga shi ita ce ta ɗaure shi. Furodusoshi sun san abin da suke saye idan sun kira shi, ba kuma sa son ya kawo musu wani abu daban. Mutumin da ya yi aiki a gidajen wasan Balin mafi tsaurin ra'ayi ya ƙare yana fitowa a uban da ke hana 'yarsa auren mai gadin daji. A daɓen Zurik ne ya ci gaba da samun abin da ya kai girmansa.

Me ya sa bai yi suna a duniya kamar Bruno Ganz ba?

Zamani da hanya sun bambanta. Ganz, wanda shi ma ɗan Zurik ne, an haife shi a 1941, ya bar gida tun yana saurayi, ya yi suna a Bremen da Balin, ya yi fim da Jamusanci da Faransanci da Italiyanci da Ingilishi, har duniya ta san shi da fitowa a Hitila a 2004. Gretler kuwa shekarun ƙarfinsa sun faɗo lokacin da iyakoki ke rufe, kuma mafi kyawun aikinsa na fim da karin da mutum miliyan kaɗan ke ji aka yi shi. Inda suka haɗu shi ne a 2015, shekara huɗu kafin rasuwarsa, Ganz ya sa gemu ya fito a kakan Heidi.

Su wane ne sa'o'insa da magadansa a wannan layi?

A zamaninsa akwai Emil Hegetschweiler, mai gasa burodi da kek da ya rikiɗe ya zama ɗan wasa, da Max Haufler, da Zarli Carigiet, da Ruedi Walter, da Margrit Rainer. Bayansu aka sami Walo Lüönd, wanda ya fito a jami'in da ke bin diddigin baƙi masu neman zama 'yan ƙasa a Die Schweizermacher na 1978, da Mathias Gnädinger, wanda ya fito a Das Boot ist voll na 1981, fim ɗin da ya fuskanci batun mayar da 'yan gudun hijira kai tsaye. Jikin Gnädinger da muryarsa irin na Gretler ne, amma ƙasar da aka ba shi ya nuna ba mai tsabtar hannu ba ce.

An karrama shi yana raye?

An ba shi zoben Hans Reinhart a 1962, wanda shi ne babbar karramawar wasan daɓe a Suwizalan. Bayan rasuwar matarsa a 1981 sai wani labari ya fito da ya ba mutane mamaki: dukiyar da suka bari, kimanin faran 400,000 na kuɗin Suwizalan, an yi wasiyyarta ga matasan Zurik masu fafutuka. Waɗannan su ne matasan da suka yi arangama da 'yan sanda a 1980, saboda birnin ya ware faran miliyan 60 don gyaran gidan opera alhali su an hana su cibiyar taruwa. 

Wanne ya kamata in fara kalla?

Wachtmeister Studer. A nan za ka ga abin da ya iya ba tare da gemu ko kayan tarihi sun taimaka masa ba. Daga nan sai Matto regiert, wanda ya fi shi duhu, sannan Heidi idan akwai yara a gida. Landammann Stauffacher ka bar shi sai ka ɗan karanta halin da Turai ke ciki a 1941, in ba haka ba jawabansa za su yi maka tsawo. Ka nemi kwafin da ke da muryoyin asali da rubutun fassara a ƙasa, domin wanda aka sake ɗora wa daidaitaccen Jamusanci ya zubar da rabin abin da ya sa mutanen Zurik suka cika sinima.